Faɗin Gwiwar Hannun Inna

A layin kafintoci kowa Baba Sake-Awo yake kiransa, don bai taɓa yarda da bango ba. Sai ya auna bakin ƙofa sama, ya auna tsakiya, ya auna ƙasa, sannan ya ɗauki mafi ƙanƙanta. Cewa yake bango maƙaryaci ne, magini kuwa abokin ƙaryarsa. Mutum ne mai taurin kai, amma ƙyaurensa bai taɓa cijewa ba.

Da matarsa, wadda duk gidan ke kira Inna, ta faɗi ta karye a ƙugu, sai ta koma kan keken marasa lafiya. Ƙofar ɗakinta ta yi wa keken kaɗan, kullum sai an ciccibe ta zuwa falo. Matar da ba ta taɓa cewa a miƙo mata ko cokali ba, abin ya ci mata rai, har ta daina fitowa. Wannan ya tsaya wa Baba a wuya.

Ya fasa bangon, ya kafa sabon firam, wato katakon da ke zagaye bakin ƙofa. Ƙyaure mai naɗewa ya zaɓa, don mai zaune ba ya iya ja da baya ya buɗe babban ƙyaure. Ya auna faɗin keken, ya ƙara wurin da ƙyauren zai ci in an naɗe shi gefe, ya bar ɗan sarari a ƙasa kada ya goge daɓe. Aiki ya fito tsaf.

Ranar gwaji ya kama keken zai tura, ta ce ya sake. Ta ɗora hannuwa kan tayoyin ta murza, sai gwiwar hannunta ta bugi firam, ɗayar ta maƙale a ƙyauren. Ta ja baya.

"Malam, keken ka auna," ta ce a hankali. "Ni ba ka auna ni ba."

Kunya da tausayi suka rufe shi. Ashe duk lissafinsa, da shi a baya yana turawa ya yi shi.

Bai yi musu ba, shi da musu ne abincinsa. Ya zaro tef ɗin awo daga aljihu, ya durƙusa gabanta da ƙyar, gwiwoyinsa na ƙara.

"Riƙe tayar yadda za ki tuƙa da kanki," ya ce. "Buɗe hannun sosai, kada ki rage mini komai."