Jan Zaren da Na Kwance wa Yaya Umaru

Shekara goma sha ɗaya ke nan, a wannan wata, da muka raka Yaya Umaru makwancinsa. Duk shekara idan lokacin ya zagayo nakan yi sadaka, in leƙa iyalinsa a Ƙofar Marke, in ja bakina in yi shiru. Bana shirun ya gagare ni, domin na yi masa wata ɓarna da hannuna, kuma har yanzu ban san inda za ta tsaya ba.

Sa'o'ina a Sakkwato sun san aikinsa ko da ba su san fuskarsa ba. Da naɗe waya ya fara a gidan talabijin, ana aikensa ɗauko fitila, har ya zama furodusa. Mutane kan ɗauka furodusa wani ne mai harɗe ƙafa yana ba da umarni. Ina! Wanda na sani, shi ke neman labari, shi ke roƙon aron gida, shi ke nemo motar da za ta kai mutane, shi ke sayen fura, shi ke lallashin ɗan wasan da ya yi fushi don an rage masa magana. Da finafinan bidiyo suka yi tashe, abokansa suka kwashe zuwa Kano, shi ya ƙi. Ya yi 'yan finafinansa a nan, wasu suka karɓu, wasu suka kwanta. Amma abin da ya riƙe zuciyarsa shi ne shirinsa na mako-mako a kan zaman ƙauye, kuma rabin wannan shiri a Kwalkwalawa ya ɗauke shi.

A can ne ya ji waƙoƙin mata, na daka da na niƙa da na reno, suna tsallako katanga. Ya so su ƙwarai, amma gidajen nan ba a shiga. Sai ya koya wa matarsa, Hajiya Luba, riƙon kyamara. Shi yana zaure da maigida, ita tana ciki. Sharaɗin guda ne: murya za ta fita, fuska ba za ta fita ba. Shi ya sa a talabijin kuke jin luguden da waƙar alhali kuna kallon gonar shinkafa ko rumbuna. Hoton kuwa na matan ne. Hajiya kan koma ta nuna musu su sha dariya, su ce a adana, wata rana 'ya'yansu mata za su gani.

Na sha iske shi yana cire muryar daga irin wannan kaset, ya juya fuskar talabijin ga bango. Rannan na ce, "Haba Yaya, ai ba mai ganin ka." Ya ce, "Ni ina ganin kaina. Kuma mutanen ga ba takarda munka yi da su ba, hannu munka yi." Na yi masa dariya a lokacin, Allah ya yafe mini.

Abin da ban sani ba shi ne yadda yake gane waɗannan kaset-kaset a cikin tarin da ke ɗakinsa. Yaya ba ya son rubutu. Sunan gari kawai yake sa wa, na waje da na cikin gida duk iri ɗaya. Ashe jan zare yake tsinkowa daga keken ɗinkin Hajiya ya ɗaure wa na amanar. Su biyu kaɗai suka san ma'anarsa.

Bayan rasuwarsa da 'yan shekaru, rufin ɗakin ya fara yoyo, gara ta kama kantar da kaset-kaset ɗin ke kai. Hajiya ba ta iya shiga ɗakin ba tare da kuka ba, lokacin ma tana wajen 'yarta da ta haihu. Ni kuwa tsohon malamin makaranta ne, ba na iya ganin abu a hargitse in wuce. Na yi kwana uku ina goge-goge. Na ga wasu zarurruka sun yi baƙi da datti, na ɗauka ɗaurin kwalin kaset ɗin da ya fashe ne, na tsinke su ɗaya bayan ɗaya na share tare da shara. Na jera kome a kwali huɗu, na sa lamba, har ina yabon kaina. Gyaran gangar auzinawa ke nan. Da ta dawo na ce na kintsa, ta ce Allah ya saka, ba ta buɗe ba.

Bana babban ɗan Yaya, Nasiru, ya zo mini da magana mai kyau. Ya ce, "Bappa, kaset ɗin Baba suna hunhuna, kuma na'urar kallon su ta kusa ƙarewa a garin ga. In ba mu maida su kwamfuta ba, sunanai zai ruɓe tare da su." Gaskiya ya faɗa. Ni na ƙarfafa masa, ni na taya shi ɗora kwali na farko a keke zuwa wani shago a Gidan Igwai. Bayan kwana biyar muka je yi wa Hajiya albishir. Ta yi murna, ta sa albarka, sannan ta ce, "Ku dai ware masu jan zare, waɗanga ba a kallon su." Na ce, "Wane jan zare?" Ta dube ni ta ce, "Malam, mi kac ce?"

Wallahi ban san yadda muka isa shagon ba. An riga an juye fiye da rabi. Mai shagon mutumin kirki ne, ya rantse bai ba kowa ba, ya goge a gabanmu, kuma na yarda da shi. Sai dai kwamfutar nan hannu nawa ke taɓa ta a wuni? Masu tura waƙa a waya, masu buga takarda, masu jiran caji. Muka kwaso kwalinmu, na yi ta gaya wa kaina mun tsira.

Makon jiya wani tsohon abokin aikina ya turo mini ɗan bidiyo, an rubuta masa wai ga Sakkwato ta jiya. Ina buɗewa na ga turmi, na ga tsakar gida, na ga mata da ɗaurin ƙirji ba ɗankwali. Na yi maza na kifa wayar. Amma kunne ba shi da marfi. A bayan waƙar na ji muryar da na sani tun ina saurayi tana cewa, "Ku ci gaba, kar ku dube ni." Muryar Hajiya Luba ce. Abokin nawa ya ce shi ma turo masa aka yi, wanda ya turo masa ma haka.

Tun ranar nake tambayar kaina, da Yaya zai ɗago ya ga wannan zamani, me zai ce? Na san zai yi murna da sauƙin aikin. Abin da yake kwasar mutum takwas da mota ya yi, yau mutum guda na yin sa da abin da ke aljihunsa. Amma ina tsoron ranar da zai ga an ɗaga waya a ɗakin amarya, a gadon asibiti, har a wajen jana'iza, ba wanda ya tsaya a zaure ya yi sallama. Ba zagin zamani nake ba, ni ma ina cikinsa. Kuma ba zamani ne ya tsinke zaren nan ba, ni ne.

Matan da ke cikin hoton yanzu kakanni ne, wasu sun riga mu gidan gaskiya. 'Ya'yansu magidanta ne, jikokinsu na karatu a jami'ar da ke kusa da su, kowa da waya a hannu. Kwana nawa ya rage wani ya ga uwarsa? Hajiya ta daina cin abincin kirki. Abin da take ta maimaitawa shi ne, "Ni na shiga. Don ni sunka aje mayafi." Nasiru ya kasa haɗa ido da ita, alhali ba laifinsa ba ne. Ga sauran kwali uku suna jira: in an bar su su ruɓe, in za a tantance su kuwa ita kaɗai ta halatta ta kalla, ga idonta ya fara yana.

Ranar Juma'a za mu je Kwalkwalawa, ita ta shiga wurin matan, ni in zauna da mazan in faɗa da bakina kafin su ji a bakin wani. Magana zarar bunu ce, na sani, ba ta komawa. Na yi ta shirya abin da zan ce, har yau ban samu jimlar farko ba.

Da nakan ɗauka abin da Yaya ya bari shi ne kwalayen nan. Yanzu na gane ba su ne ba. Abin da ya bari shi ne, har bara, in ka ambaci sunansa a ƙauyen nan sai a shimfiɗa maka tabarma a kawo ruwa. Ban san ko zai kai baɗi ba, kuma ba a hannuna yake ba yanzu, yana hannunka, mai karatu. Idan wani ɗan bidiyo ya iso wayarka, mata huɗu suna daka a gindin bishiyar bedi, ɗaya tana goye, don girman Allah kada ka tura, kada ka ƙarasa kallo. Uwar wani ce, kuma an yi mata alkawari.

Allah ya jiƙan Yaya Umaru, ya sa ya huta. Ni kuwa ku roƙa mini Allah ya ba ni bakin magana ranar Juma'a.