Na Kai Shadda Dubai, Hannuna Kawai Aka Ɗauka

Litinin: Kano zuwa Al Nahda

Ƙarfe huɗu da rabi na asuba na bar Fagge, akwatina cike da shadda kala uku, duk sun sha bugu. Aminina Alhaji Sabo, mai harkar kago, wato jigilar kaya, a Dubai, ya ce wani saurayi Baturke zai yi fim a kan 'yan kasuwarmu, har ya ba da sunana. Ni da shegen baki na yi wa Hajiya, mahaifiyarmu, alkawarin za ta gan ni a fim, ita kuma ta shelanta wa unguwa kaf. Shingen jami'an tsaro shida muka wuce kafin Abuja, jirgi ya tashi da yamma. Talata da safe na sauka, tasi ta kai ni masaukin Sabo a unguwar Al Nahda a kan dirhami arba'in, muka ci biriyani.

Laraba: Port Saeed

Shida da minti goma muna bakin ruwa, inda ake lodin jiragen katako. Sunan Baturken Kerem, siriri, bai kai talatin ba. Da bidiyon biki ya fara a garinsu, ya koma ɗaukar talla a Istanbul, ya gaji da murmushin ƙarya, yanzu masu aikin ƙarfi yake bi tasha-tasha. Ya dube ni cikin babbar riga ina ta ƙamshi, ya tambayi Sabo, "Habibi, wannan angon fa?"

Wallahi na ji haushi! Aka tuɓe ni, aka ba ni rigar aikin Sabo. Ba fitila, ba ihu. Ya aje kyamara ƙasa a kan kwali, ya ƙi motsa ta, hasken safiya kaɗai yake so. Ni kuwa sai in ƙame, in turo ƙirji kamar hoton Sallah.

"Alhaji, kar ka kalle ni. Yalla, maza ɗaure kayanka."

Na ja igiya na ɗaure shaddar dila guda yadda na saba tun a kasuwar Kwari. Ƙarfe bakwai na yi ya ce khalas, an gama, rana ta yi ƙarfi. Da ya nuna min, sai ga minti biyu cur, hannu da igiya, ko hancina babu. Sabo ya yi dariya har da riƙe ciki.

Asabar: Gida

Na iso bayan la'asar, na tarar maƙwabta sun cika tsakar gida. Ba yadda zan yi, na kunna guntun da Kerem ya turo min a waya. Wata ta ce, "To, ina shi Alhajin?"

Hajiya ta karɓi wayar, ta kai ta dab da ido, sannan ta ce:

"Ku ne ba ku gan shi ba. Wannan ɗaurin marigayi babansu ne, har yadda yake danne ƙullin da babban yatsa. Sake kunna min."

Sau biyar na kunna. Na gode wa Allah da ya dawo da ni lafiya, na gode wa Sabo, na gode wa yaron da ya ƙi ɗaukar fuskata.