Baba Tanko, Bakin Sarkin Katun

Kullum da hantsi Baba Tanko yakan shimfiɗa buhu a ƙofar shagonsa da ke bakin kasuwar Kalgo, ya jera rediyoyin mutane, ya hau gyara. Ya fi shekara talatin yana haka. Amma mu da muka tashi a unguwar, da wani abu daban muka san shi.

Duk Juma'a bayan la'asar sai ya jona tsohuwar talabijin da batirin mota, ya saka kaset ɗin wani katun, wato fim ɗin zane mai motsi: sarki mai tumbi da fadawansa uku, kowanne ya fi wani wauta. Turanci suke yi, ba mai ji. Sai ya kashe sautin, ya koma gefe, ya riƙa yi musu magana da bakinsa. Sarki ya faɗa rijiya, sai ka ji Baba ya kumbura murya: "Kai, Galadima! Mi kaka kallo? Jawo ni, rawanina ya jiƙe!" Wallahi har masu kifi sukan bar tirensu su zo su sha dariya. Indo mai ƙosai ta rantse sau biyu ƙosanta yana ƙonewa saboda shi.

Kai ne bakin sarki, Baba, kai ne bakin fadawa. Ba ka taɓa korar kowa ba.

Bara ka tare ni ka ce, "Abdulrasheed, taho da wayag ga taka ka ɗauki muryata, tsuhwa ya taho." Na ce sai wani mako. Aiki nake a Gwandu nan kusa, amma na mai da ita kamar wata uwa duniya. Makon nan bai zo ba.

Da damina ciwon shanyewar jiki ya kama Baba, ya tafi da maganarsa. Abin yana ci mini rai har yau.

Na nemo katun ɗin a waya da ainihin sautinsa, ko murmushi ban yi ba. Na kai masa gida, na kashe sautin. Sarki ya faɗa rijiya, leɓen Baba yana motsi, ba abin da ya fito. Sai 'yarsa Hafsat ta ce daga bakin ƙofa, "Jawo ni, rawanina ya jiƙe!" Ya yi dariya har da hawaye.

Mun gode, Baba, Allah ya ba ka lafiya, ka yafe mini. Ku kuma, ku faranta wa mutane kamar yadda ya yi. In akwai irinsa a unguwarku ya ce ku zo, kada ku ce sai wani mako.