Fentin da Ba Ya Jure Damina

Kawu Mai Fenti bai taɓa shan yabo a sana'arsa ba. Kowa ya san fentinsa ba ya jure damina.

Shekarar da hukuma ta hana ambaton tsofaffin sunayen unguwanni, shi da abokan aikinsa aka ba kwangilar shafe su daga bango. Suka haɗa baki a bayan shago: kowane bokiti sai an sirka shi da ruwa har ya tsinke. Da rani bango fari fat, mai duba aiki har da murmushi. Ruwan farko na sauka sai sunayen su fara leƙowa: Layin Maƙera, Kasuwar Igiya, har shagon mahaifinsa. A kira su a zage su tas, su ba da haƙuri, su sake shafawa.

Yanzu abokan duk sun riga shi gidan gaskiya, idonsa ma ya tafi. Bana matasa aka ba aikin. Da aka ɗauke ruwa, 'yarsa ta riƙo hannunsa zuwa bakin layi.

"Baba, fentin yaran nan ma bai kama ba."

Kawu ya shafa bangon da tafin hannu.

"Ashe sun iya aiki. Karanta min."