Kwanon da Yaya ya aiko daga Kumasi

Tsufa ya kwashe mini abubuwa da yawa daga kai, har sunayen jikokina wani lokaci sai na yi ta lalube. Amma safiyar da muka buɗe ɗakin ajiyar Inna ni da yayana, wannan kam ba za ta bar ni ba sai ranar da aka kai ni makwanci.

Mu biyu ne maza a wurin Inna, a wani ɗan ƙauye da ke gefen Toranke. Yaya ne ɗan fari, ni ne auta. Baba ya rasu da shekara ɗaya Yaya ya ce zai bi fataken goro zuwa Kumasi ya nemo. A lokacin samarin wajenmu tafiya suke yi kamar ana kiransu, wasu Gana, wasu su nufi gabas da niyyar Makka su maƙale a Sudan. Gonaki da yawa sabara ta cinye su saboda babu hannu. Ni aka bar wa gandu da fartanya, kuma in faɗi gaskiya haushinsa nake ji. Ni ke duƙe a rana daga shuka har girbi, amma da zarar saƙonsa ya iso sai gari ya ɗauka, ɗan albarka ya aiko. Ni da ke kawo geron da ake ci babu wanda ya taɓa ce mini ɗan albarka. Sai dai duk mitata ban taɓa mayar da saƙon ba. Da shi muke fita haraji, da shi na sayi jaki, da shi ma na yi aure.

Yaran yanzu ba za su gane Inna ba sai na yi bayani. Bafulatana ce ta wajen Balan, kuma ta riƙe kunyar ɗan fari da hannu biyu. Ba ta taɓa faɗin sunan Yaya ba, sai dai ta ce "wancan". Tun da aka yaye shi kaka ta ɗauke shi, a can ya girma. In ya durƙusa ya gaishe ta, amsawa take yi tana kallon wani wuri. Kowa ya san al'ada ce, shi ma ya sani, amma sanin bai hana abin ci masa rai ba. Ni kuwa auta, har na yi gemu tana ɓoye mini ƙanzo.

Ɗakinta adada ne, mai kusurwa huɗu da jinka, kuma akwai wani wuri daidai kan gadonta da yake yoyo. Kowace shekara sai na sa sabuwar ciyawa, kowace shekara sai wurin ya zuba. Da damina ta faɗi sai ta ja gadon zuwa bakin ƙofa, ta tara ƙwarya. Ni ke rubuta wa Yaya wasiƙa da ajami, wani mai goro da ke zuwa kasuwar Gaya ya kai masa. Wata rana da gangan na sa masa zancen yoyon, don ya ji zafi, ya san cewa ba a daɗi ya bar mu ba.

Ashe na taɓo inda yake masa ciwo. Bai aiko da kuɗi ba, don ya san in suka shigo hannunmu biki da suna za su cinye. Sai ya sa mai goron ya saya masa kwanon rufi bandir biyu a Kano, har da ƙusa, aka sauke a Gaya, muka ɗauko a kan jakuna. Ranar garinmu kamar ana sallah. A lokacin ko gidan mai unguwa babu kwano. Yara suna bin jakunan, tsofaffi suna ƙwanƙwasa kwanon da yatsa suna sa wa Yaya albarka. Wasiƙar da ta zo tare da kayan gajeriya ce, ya ce a rufa wa Inna ɗaki kafin ruwa ya sauka.

Na karanta mata ina jiran murna. Tana tsince wake, ko kai ba ta ɗaga ba. Ta ce in kai ɗakin ajiya. Na ce Inna, naki ne fa, ɗakinki aka ce a rufa. Ta ce ta ji, in kai ɗakin ajiya, ita ba za ta kwana a ƙarƙashin kayan wancan gari na nuna ta da baki ba. Na yi magiya, na yi faɗa, na turo mata ƙanen Baba, duk a banza. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na kwashi kwanon na jibge a ƙasa a ɗan ɗakin da ke bayan nata, mai danshi kamar bakin rijiya, na ja ƙyaure na rantse ba zan ƙara leƙawa ba. Kuma ban leƙa ba.

Da lokacin amsa ya yi, cewa ta yi in rubuta saƙo ya iso, an gode. Ni na ƙara da cewa an rufa ɗaki, ya yi kyau. Na daɗe ina gaya wa kaina wai don kada ransa ya ɓaci na yi haka. Ƙarya ne. Tsoro nake yi in ya ji an ƙi kayansa ya daina aike. Ya sake rubutowa yana tambaya ko ƙarar ruwa a kan kwanon tana hana ta barci. Na ce ina, barci take yi har da minshari. Haka na yi ta ɗora ƙarya a kan ƙarya shekara huɗu, Inna kuwa tana jan gadonta bakin ƙofa kowace damina. Tana sana'ar ƙuli-ƙuli, kuma na lura duk ranar da ta soya sai ta shige bayan ɗaki da ɗan kasko na mai. Har tsokanarta nake yi cewa tsohuwa ta fara ɓoyon mai kada surukarta ta gani. Sai ta ce in rufe mata baki.

Sai ga shekarar da hukumar Gana ta ce duk baƙon da ba shi da takarda ya fita. Labari ya riga mutane isowa. Ana cikin sussukar gero, da la'asar, na hango mutum tsaye a gindin kukar da ke bakin gari, da tabarma a naɗe da buta. Ya rame har ban gane shi ba sai da na matso. Rumfarsa ta kasuwa, kayan ɗakinsa, duk a can ya baro su, kwana da kwanaki suna cunkushe a bayan babbar mota. Amma ba ni yake kallo ba, gidanmu yake kallo ta saman kaina. Daga baya ya gaya mini cewa tun a mota yake wa abokan tafiya alfahari, wai shi ko an kore shi, in ya doshi garinsu ɗakin uwarsa zai fara hangowa yana ƙyalli.

Ya ce, "Ina kwanon?"

Na fara kame-kame. Ya dube ni sau ɗaya, sai na faɗa masa gaskiya, cewa Inna ta ƙi, ni kuma na yi masa ƙarya. Na so ya mare ni, da na fi samun sauƙi. Sai kawai ya ɗauki butarsa ya wuce gaba.

Ya durƙusa ya gaida Inna, ta amsa tana kallon murhu, ta ce a ba wancan ruwa. Kwana uku ya yi a zaure, mutane na zuwa jaje, bai ko warware ɗaurin kayansa ba. A rana ta uku ya ce mini gobe zai wuce Ikko, kuma kada in sa ran wasiƙa. Na ce Yaya, ga gandu, ga ni, ina za ka? Abin da ya ce mini har yau yana kunnena.

"Korar da aka yi mini ba ta dame ni ba, can ba gidanmu ba ne. Amma shekara huɗu ina ɗaukar kaya a ka ina jin daɗi, ina cewa ko ba ta kiran sunana, tana kwana a inuwata. Ashe ruwan sama ya fi mata ni."

Nan na ji duk haushin da na tara masa ya zube, kunya ta maye wurin. Na san in ya tafi a haka ba za mu ƙara ganinsa ba, kuma da hannuna a ciki. Na je na gaya wa Inna. Ta ci gaba da gyara wutarta.

Da safe ya shigo sallama, tabarmarsa a hammata. Inna tana zaune a ƙofar ɗaki. Ba ta dube shi ba, ni ta duba. Ta ce, "Ka ce wa wancan ya ɗauki ajiyarsa kafin ya tafi." Na ce a raina shi ke nan, tsohuwar nan ta ƙarasa shi. Ga shi na san yadda na watsar da kwanon a ƙasa mai danshi, na tabbata tsatsa ta gama da shi. Yaya ya yi wani murmushi mara daɗi, ya ce mu je ya ga gawar.

Na tura ƙyauren. Ƙamshin man gyaɗa ne ya fara dukanmu. Kwanon ba ya ƙasa inda na bar shi. An jera duwatsu, an ɗora itace, an ɗora shi a kai, an lulluɓe da tsohon asabari. Yaya ya yaye asabarin. Tsakanin kowane falle da ɗan'uwansa an sa karan dawa don iska ta ratsa, kuma kowane falle yana sheƙi kamar jiya aka sauke shi daga mota. Ga ɗan kaskon mai a gefe, ga tsumma a rataye, ya yi baƙi saboda aiki. Ƙusoshin ma suna cikin wata 'yar tukunya, a jiƙe da mai. Tsohuwar da ke kukan ciwon baya, ita kaɗai take ɗaga su ɗaya bayan ɗaya tana gogewa, duk ranar suya, shekara huɗu.

Muka ji motsinta a bayanmu. Da ni ta yi magana, amma da ƙarfi yadda zai ji. Ta ce, "Mutum yana ƙasar wasu, ban san ranar da zai dawo ba, ban san da me zai dawo ba. In na bari an kafe shi a kan ɗaki, me zai tarar? Ni yoyo bai taɓa kashe ni ba." Ta juya ta koma wurin tukunyarta.

Yaya ya durƙushe a wurin, ya ɗauki tsumman nan ya riƙe, ya yi kuka irin wanda ban taɓa ganin babban mutum ya yi ba. Ni ma ban tsira ba. Ban sani ba ko kunya ce ta fara hana ta, tunanin ajiyar ya zo daga baya, ko kuwa tun farko da kunyar ta fake. Ban taɓa tambayarta ba, kuma da na tambaya da zagi zan sha.

Bai tafi Ikko ba. Muka kai kwanon Gaya, wani ɗan kasuwa mai gina kanti ya saye shi da daraja fiye da yadda aka sayo. Yaya ya sayi bijimai biyu da garma. Gonar Baba ta bayan gari da na bari ta koma daji muka sake buɗe ta, muna gama namu mu yi wa maƙwabta huɗa, har waɗanda 'ya'yansu ba su dawo ba suka samu gonakinsu suka tashi. Falle ɗaya kawai ya hana a sayar. Kafin damina, ranar da Inna ta tafi suna Balan, muka ɗaga jinkarta muka cusa fallen daidai wurin yoyon, muka mayar da ciyawa a kai yadda babu mai gani daga waje.

Ba ta ce ta gani ba, ba ta yi godiya ba. Amma da ruwan farko ya sauka na leƙa ɗakinta da safe, sai na tarar ba ta ja gadon ba. Yana nan a wurinsa, a ƙarƙashin fallen, kuma a nan ya zauna har ta rasu.

Abin da na koya shi ne in daina auna mutum da abin da bakinsa ya faɗa ko ya ƙi faɗa. Na zaci na nesa yana aike ne don a yabe shi, na zaci ta gida ta ƙi karɓa ne don ba ta damu da shi ba, ashe kowannensu ɗan'uwansa yake tattali, ni mai alƙalami a tsakiya na kusa raba su saboda son abin hannu. Yanzu jikokina ma suna ƙasashen waje suna aikowa. In sun tambayi abin da aka yi da saƙonsu, gaskiya nake gaya musu ko da ba za ta yi musu daɗi ba.