Kwamfutar Jemimah a Kan Bencin Barau

Barau ɗan wani ƙauyen Maguzawa ne a bayan Zariya, amma a Samaru ya yi gemu, cikin shagon gyaran kwamfuta da bai fi akurkin kaji ba. Jami'a kam sai dai ya hangi ƙofarta a tsallaken titi. Duk abin da ya iya, da naci ya koye shi.

Kuma ya iya ɗin. Manhajar da aka gama haɗawa aka rufe, sai ya feɗe ta kamar akuya, ya bar tsurar umarnin da zai lafe cikin wata manhajar ba a gan shi ba. Masu sana'ar na ce wa wannan shelkod. Uzodinma, mai sayar da wayoyi a Sabon Gari, shi ya kawo masa aikin: manhajar leƙen kwamfuta daga nesa, wai don tsaron shagonsa. Tsaron shago! Barau ya san ƙarya ce, amma son a ce gwani ne ya rufe masa ido.

To, masu gyara suna da muguwar ɗabi'a, duk na'urar da ke kan benci a kanta ake gwaji. Ranar kuwa kwamfutar Jemimah ce a kai, 'yar kawunsa, ɗalibar shekarar ƙarshe a jami'ar. Ya gwada, kyamarar kwamfutar ta ɗauki hoton shagon Barau, ya fito ras a wayar Uzodinma. Cirewa fa? Ya ce sai gobe. Da la'asar ta zo a gurguje ta ɗauke abarta, shi kuwa ya sha'afa.

Ba a daɗe ba hotunanta, tana cikin ɗakinta ba sutura, suka zagaye wayoyin Samaru. Saurayinta ya janye, aka dakatar da ita daga mawaƙan majami'a. Barau ya garzaya Sabon Gari, ya tarar da shagon Uzodinma a rufe da kwaɗo. Baƙin ciki ya hana shi cin abinci, tsoro kuma ya ɗaure masa baki.

Ran da za ta koma ƙauye ta shigo da kwamfutar naɗe cikin zane, idanu a kumbure.

"Yaya, an ce ta nan suka shiga. Ka duba mini. Duk garin nan kai kaɗai na yarda da shi."

Ya goge manhajar leƙen, ya miƙa mata.

"Allah ya saka maka da alheri," in ji ta. "Wanda ya yi mini wannan kuwa, Allah ya isa."

Ta tsaya tana jira. Barau ya ce, "Amin."