Sabo Mai Lamba Uku, da Amsoshin da Na Ba Shi a Bakin Fili

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, 15 ga Yuni, 2021, bayan azahar, Allah Ya karɓi ran Sabo Gidaɗo Haɗeja a wani asibiti nan Dubai, yana da shekara talatin da huɗu. Likitoci sun ce jini ne ya zuba masa a ƙwaƙwalwa. Nan muka binne shi, mu goma sha ɗaya da takunkumi a fuska, domin jirage ba sa tashi tsakanin nan da gida. Mahaifiyarsa ba ta ga gawar ɗanta ba.

Sabo, shekara huɗu muna ɗaki ɗaya a Al Warsan kafin ka kawo matarka Murjanatu. Lodin kwantena kake yi a tashar jirgin ruwan Jebel Ali lokacin da wani Bature ya ga yadda kake ɗaga kaya, ya kai ka kulob ɗinsu na rugby a 2016. Mun yi maka dariya, muna cewa ɗan kokawar Haɗeja ya koma kokawa da ƙwallo mai siffar gwanda. Suka ba ka riga mai lamba uku, da albashi, da biza. Aikinka shi ne sahun gaba a turereniyar da suke kira sikiram, inda ƙarti takwas ke haɗa kai da kafaɗa su tura wasu takwas. Nauyin duka a wuyanka yake sauka.

Ƙarfin nan ba ka yi mana rowarsa ba. Babu Bahaushen da ya tare a Al Karama ba ka hau masa bene da firij a baya ba. Naman da kulob ke ba ku don gina jiki, tsofaffin abokan lodinka kake kai wa duk Juma'a, kana cewa su ma ai turereniyar suke yi, ba dai mai tafa musu.

Buri ɗaya gare ka, ka sa rigar ƙasar nan, tunda ka cika shekarun zaman da doka ta nema. Wata Juma'a a Fabrairun 2019 aka ce masu zaɓen 'yan wasa suna cikin 'yan kallo. Ana tsakiyar wasa gwiwar wani ta same ka a gefen kai. Ka tashi, ka nufi ɓangaren abokan hamayya kana tangaɗi. Likita ta jawo ka bakin fili, inda nake tsaye da gorar ruwanka. Dokarsu ce, wanda ya bugu a ka sai an tambaye shi wane fili ake, zagaye na nawa, wa ya ci ƙarshe. In ya kasa, ya bar wasa sai bayan makonni.

Ka kasa, Sabo. Ka juyo ka dube ni. Duk filin babu mai jin Hausa sai mu biyu, sai na ɗaga murya kamar mai yi maka kirari, na jero maka amsoshin, kai kuma kana maimaitawa da Turanci. Likita ta sake ka. Kana komawa ka ce mini, "Khalas, shi ke nan, Malam Zailani, ka fisshe ni kunya."

Sau uku muka sake yin haka, muna kiransa taimakon ɗan'uwa. In mun dawo gida na shafa maka man zafi, na ɗaure maka kai da rawani, mu ce zafin rana ne. A wajenmu namiji ba ya faɗin ciwo, mu kuma muka yi ta yabon dauriyarka kamar wata ibada. An zaɓe ka, ka buga wa ƙasa wasa biyar, ka turo mana hoto daga filin jirgi kana dariya har kunne.

Kada kulob ɗin ya ɗauka na wanke shi. Mai horar da ku yana da ido, ya ga tangaɗin nan kamar yadda na gani, ya kau da kai domin yana bukatar wuyanka. Da ka fara manta umarnin wasa, sai korona ta zo ta ba su uzuri, suka sallame ka da saƙon waya layi biyu. Da ka rasu sun sa hotonka a shafinsu, sun ce kai jarumi ne. Ko mutum ɗaya daga cikinsu bai tako maƙabarta ba. Ina jin haushinsu ƙwarai, amma haushin kaina ya fi.

A watan Mayu, wata guda kafin rasuwarka, na je duba ka. 'Yarka mai shekara uku ta hau cinyarka tana ja maka gemu. Ka daɗe kana kallonta. Sannan ka juyo ka yi mini irin duban nan na bakin fili, kana jira. Na ce, "Bilqis ce, Sabo." Ka maimaita a hankali, kamar yadda ka saba maimaita amsoshina.

Murjanatu, kin sha tambayata yadda aka yi likitocin fili ba su gane ba, ina ce miki ƙaddara ce. Ƙaddara ce, amma ta bakina ta bi. Ban iya faɗa miki ido da ido ba, shi ya sa na rubuta.

Allah Ya jiƙan Sabo, Ya sa ciwon da ya sha ya zama kaffara, Ya haskaka kabarinsa. Allah Ya tabbatar da harshensa ranar tambayar da babu mai tsayawa a gefe ya faɗa masa amsa. Ina miƙa ta'aziyyata ga mahaifiyarsa Hajiya Wasila a Haɗeja, da ƙaninsa Ɗalhatu, da Murjanatu. Allah Ya raya Bilqis, Ya ba ku haƙuri. In kun sami ikon yafe mini, ku yafe. In ba ku samu ba, ba zan ga laifinku ba.